DAMISAR TEKU: FIƘA A GABA, RARIYA A BAYA

A farkon shekarar 1916 wasu mutane 28 suna zaune a kan wani falalen ƙanƙara da ke yawo a Tekun Weddell, can ƙuryar kudancin duniya, ba jirgi ba tudu. Jirginsu mai suna Endurance, wanda Sir Ernest Shackleton ya taso da shi daga Ingila da niyyar ratsa nahiyar Antatika da ƙafa, ƙanƙara ta riga ta matse shi ta murƙushe, ya nutse tun watan Nuwamba na 1915. Yawancin abincinsu ya koma abin da suka farauto. Ran nan mai kula da kayan abincinsu, Thomas Orde-Lees, yana komowa sansani shi kaɗai, sai ga wani kai mai kama da na ƙaton maciji ya ɓullo daga wata tsaga. Kafin ya ankara dabbar ta haye kan ƙanƙara ta bi shi da jan ciki. Da ta ga bai kamu ba sai ta koma ruwa, ta bi inuwarsa ta ƙarƙashin ƙanƙara, ta sake ɓullowa a gabansa ta tare masa hanya. Ihun da ya yi ta yi ne ya kawo mataimakin Shackleton, Frank Wild, da bindiga, ya harbe ta. Da aka auna ta, tsawonta ya kai ƙafa 12, nauyinta kuwa wajen kilo 500.

Wannan dabba ita ce Turawa suka raɗa wa suna damisar teku, kuma daga irin wannan labari ta samo baƙin sunan da take ɗauke da shi har yau. Littattafan matafiya da fina-finan namun daji, in sun zo kanta, da fiƙoƙinta suke farawa. Amma wanda ya buɗe bakin nata ya leƙa can ciki zai ga wani abu dabam, domin a bayan fiƙoƙin nan akwai wasu haƙora waɗanda aikinsu shi ne tace ruwa kamar rariya. Masana kuwa sun gano cewa wani babban kaso na abincin wannan mafarauciya da kowa ke tsoro, wata 'yar halitta ce da ba ta wuce tsawon ɗan yatsa ba. Duk mai son ya fahimci rayuwar damisar teku, da abin da ke neman dagula ta a wannan zamani, lalle ne ya dubi haƙoran nan kashi biyu.

DANGINTA DA SIFARTA

Da farko dai ya kamata mai karatu ya sani cewa damisar teku ba kifi ba ce, ba ta kuma haɗa komai da damisar dajinmu ba sai suna. Dabba ce mai shayarwa, tana shaƙar iska da huhu, tana haihuwa tana ba da nono, kamar dai yadda ayu yake a kogin Binuwai da Kwara, ko da yake shi ayu ciyawa yake ci, kuma danginsu ba ɗaya ba ne. Tana cikin jinsin dabbobin da ake kira sil, watau masu ƙafafu irin na filafilin kwalekwale, waɗanda kan nemi abinci a ruwa, sa'an nan su hau tudu ko ƙanƙara su huta. Sunan damisa ta same shi ne saboda ɗigo-ɗigon da ke wuyanta da ƙirjinta da cikinta. Bayanta toka-toka ne mai duhu, cikinta kuwa fari-fari kamar azurfa. Wani masanin dabbobi Bafaranshe, Henri de Blainville, shi ya fara bayyana ta a rubuce cikin 1820. Sunanta a harshen masana Hydrurga leptonyx, ma'anarsa ma'aikaciyar ruwa mai siraran farata.

In an cire sil ɗin nan da ake kira giwar teku, babu wani sil a Antatika da ya kai ta girma. Tsawonta yakan kama daga mita 2 da rabi zuwa mita 3 da rabi, nauyi kuwa daga kilo 200 har zuwa wajen 600. Kuma mata sun fi maza girma, saɓanin yadda aka saba gani a wajen manyan namun daji. Wasu masana a ƙarƙashin Sarah Kienle, wadda ke Jami'ar Baylor a Amurka lokacin da aka buga aikin, sun kama 22 daga cikinsu a yammacin zirin Antatika, watau wannan dogon hannun ƙasa da ya miƙe ya doshi Kudancin Amurka, suka auna su, suka manna musu na'urori, suka bayyana sakamakon aikin a 2022. Sun tarar matan sun ɗara mazan nauyi da wajen rabi, babbarsu kuwa ta kai kilo 540, kusan buhu 11 ke nan na shinkafa mai kilo 50. Yawancin nutsonsu gajere ne, na 'yan mintoci, zurfinsa bai cika wuce mita 30 ba. Amma wani namiji guda ya nutsa har mita 1,256, ya yi minti 25 bai shaƙi iska ba.

Ruwan da take zaune ciki sanyinsa ya kusa digiri 2 ƙasa da sifiri, gishirin da ke cikinsa ne kawai ya hana shi daskarewa gaba ɗaya. Mutum ya faɗa cikinsa ba riga ta musamman ba zai daɗe ba. Ita kuwa kitse mai kauri a ƙarƙashin fata shi ne bargonta, shi ne kuma rumbunta a ranar da farauta ta ƙi. Ba ta da fatar kunne a waje, sai 'yar kafa. Kanta dogo ne mai faɗi, layin bakinta ya lanƙwashe sama ta yadda kullum za ka ga kamar murmushi take yi, kuma wannan murmushi shi ya fi tayar wa masu nutso hankali. Yawancin 'yan'uwanta da ƙafafun baya suke tura kansu a ruwa, amma ita hannuwanta na gaba dogaye ne ƙwarai, tana kuma aiki da su wajen iyo, abin da ya ba ta saurin juyawa da kai sura. A kan ƙanƙara kam sai jan ciki.

BAKI ƊAYA, AIKI BIYU

To, mu koma ga bakin. A gaba akwai fiƙoƙi masu tsawon wajen santimita 2 da rabi, na cafka da yaga. A baya kuwa, inda zaki ko kura ke da haƙoran yanka nama da fasa ƙashi, ita turamenta kowanne kawuna uku gare shi masu tsini. In ta rufe baki sai na sama su shiga tsakanin na ƙasa su sarƙe, su bar 'yan ƙananan kafofi. Ruwa na iya fita ta nan, amma abin da ke cikin ruwan ba ya iya fita.

Abin da take tacewa shi ne kiril, wata halitta mai kama da ƙaramin jatan lande, wadda tsawonta bai wuce santimita 6 ba, tana yawo a Tekun Kudu cikin dandazo mai yawan da kan sa ruwa ya yi ja-ja. Tun da daɗewa masana sukan sami kiril a cikin cikin damisar teku da kashinta, a wasu wurare har ya kai kusan rabin abincinta, musamman ma matasa da kuma lokacin sanyi. Sai dai yadda dabba mai ƙaton baki haka take kama abu ƙanƙane ya daɗe yana ɗaure wa mutane kai, domin ba wanda ke nan a ƙarƙashin ƙanƙara yana kallo.

Amsar a gidan namun daji aka samo ta. A gidan Taronga da ke birnin Sidni a Ostareliya akwai damisoshin teku biyu a lokacin, Casey da Sabine, waɗanda aka tsinta a gaɓa a galabaice aka yi jinyarsu. Wani ɗalibin ilmin dabbobi, David Hocking, da abokan aikinsa suka riƙa sa musu ƙananan kifaye a cikin wani bututu yadda ba za su iya cizo ba, suna ɗaukar hoto. Sai ga shi dabbar takan kafa leɓɓanta a bakin bututun, ta zuƙo kifin da ƙarfi tare da ruwa, sa'an nan ta rufe baki ta fesar da ruwan ta gefe biyu, kifin ya saura a ciki. Da suka duba ƙoƙunan kan waɗanda suka mutu a daji kuma, sai suka ga fiƙoƙi da haƙoran gaba sun ci sun zaizaye, turame kuwa kusan garau, alamar ba a tauna ƙashi da su. An buga wannan bincike a 2012. Ashe dabba ɗaya ce ke cin abinci daga can saman jerin masu ci da waɗanda ake ci, ta kuma sauko ta ci daga kusan gindinsa, abin da ba kasafai ake samu ba a tsakanin manyan mafarauta.

Rashin haƙoran yanka shi ne kuma ya sa cin namanta ke da muni a ido. Akwai tsuntsayen nan da ake kira fengwin, waɗanda ba sa tashi sama, sai iyo, a kan ƙanƙara kuma su yi ta tafiya a tsaye kamar mutane. Damisar teku takan laɓe a ƙarƙashin bakin ƙanƙara, daidai inda suke faɗawa ruwa ko suke fitowa. Su ma sun san da haka, shi ya sa za ka ga sun yi cincirindo a gaɓa suna leƙe, kowa na jiran wani ya fara. In ta cafke ɗaya, ba ta da abin da za ta yanka shi da shi, sai ta riƙe shi da fiƙa ta yi ta kaɗa kai tana maka shi a kan ruwa har naman ya yayyage ta haɗiye. Mai kallo zai ce mugunta ce ko wasa da gawa, alhali kuwa rashin wuƙa ne. Kakar wannan farauta ita ce lokacin da 'ya'yan fengwin suka fara shiga ruwa, ba su iya iyo sosai ba, ba su kuma san abin da ke jiransu ba.

Ba tsuntsaye kaɗai ba. Tana cin kifi, tana kuma cin 'ya'yan wasu sil ɗin. Akwai 'yar'uwarta ta kusa da ake kira mai cin ƙaguwa (ba ta cin ƙaguwar ma, kiril take tacewa, sunan kuskure ne na matafiyan farko), wadda wani bincike ya nuna kashi 78 cikin 100 na manyansu suna ɗauke da tabo, dogayen layuka biyu a jere, shaidar sun kuɓuta daga bakin damisa tun suna ƙanana. Waɗanda ba su kuɓuta ba, babu mai lissafinsu.

ABIN DA YA FARU A CAPE SHIRREFF

Inda aka fi ganin ƙarfin wannan farauta shi ne wani lungu da ake kira Cape Shirreff a tsibirin Livingston, kusa da ƙarshen zirin Antatika, inda masana na gwamnatin Amurka suka yi shekaru suna zuwa ƙirgen dabbobi. A nan ne wani sil ɗin dabam, mai gashi mai laushi, yake hawa tudu ya haihu. A 2022 Douglas Krause da abokan aikinsa suka bayyana cewa yawan masu gashin ya ragu da kashi 86 cikin 100 tun daga 2007, kuma daga 2010 damisoshin teku suna cinye wajen kashi 69 cikin 100 na 'ya'yan da aka haifa kowace shekara. Sukan jira a tafkunan bakin teku inda 'ya'yan ke koyon iyo.

Krause ya ɗaura wa wasu daga cikinsu ƙananan na'urorin ɗaukar hoto a baya, aka ga abubuwan da ba a taɓa tsammani ba. An ga babba tana ƙwace abin da ƙarama ta kama. An ga wata tana kai gawa ƙasan teku ta cusa a ƙarƙashin dutse ko ciyawar ruwa, ta ajiye don gaba. An ga wata kuma tana kutsa hanci cikin duwatsun ƙasa tana koro kifi. Daga baya, da aka bincika gashin bakinsu, wanda ke ajiye alamar abin da dabba ta ci wata bayan wata yayin da yake tsiro, sai aka ga yawancinsu kowacce da sana'ar da ta riƙe: wata ta ƙware a kan 'ya'yan sil, wata a kan fengwin, wata kuwa ta fi dogara ga ƙananan halittu. Wannan aiki, wanda aka buga a 2025, ya nuna cewa 'yan ƙalilan ne, manyan mata, suka yi yawancin ɓarnar ta Cape Shirreff.

Amma kafin a yanke wa damisa hukunci, a tuna da abu biyu. Tsibiran nan a 1819 Turawa suka gano su, kuma cikin 'yan shekaru kaɗan mafarautan fata daga Ingila da Amurka suka karkashe masu gashin dubu ɗaruruwa, har aka yi zaton sun ƙare. Sai bayan fiye da shekara ɗari suka fara komowa. Abin da damisa ta ci bai kama ƙafar wannan ba. Na biyu kuma, masanan da ke aiki a wurin suna danganta taruwar damisoshin a bakin tudu da raguwar ƙanƙarar teku a wannan yanki, domin a da a kan ƙanƙara mai yawo suke zaune, can nesa da inda masu gashi ke haihuwa.

ZAMAN KAƊAICI DA WAƘA

Damisar teku ba ta garke. In ka hango falalen ƙanƙara da ɗaya a kai, to da wuya ka ga ta biyu kusa. Abinci ne kawai kan tara su, kamar yadda masu ɗaukar fim suka gani a tsibirin Jojiya ta Kudu, inda jirgi maras matuƙi ya ɗauko har 36 a wuri guda suna farautar fengwin, wani lokaci biyu suna jan gawa ɗaya tana yagewa a tsakaninsu.

Lokutan shekara a can akasin namu ne, sa'ad da muke fama da hunturu su suna tsakiyar lokacin ɗuminsu, rana ba ta ko faɗuwa a wasu wuraren. Tsakanin Oktoba da Disamba uwa takan hau ƙanƙara mai yawo ita kaɗai ta haifi ɗa guda, mai nauyin wajen kilo 30, tsawonsa ya ɗara mita 1. Takan shayar da shi wajen wata guda da nono mai maiƙo ƙwarai, sa'an nan ta yaye shi. Uba ba ruwansa da reno. Ba da jimawa ba bayan yaye sai barbara, a cikin ruwa, amma cikin ba ya fara girma nan take, ƙwan yakan dakata na wani lokaci kafin ya kama mahaifa, ta yadda haihuwa za ta sake faɗowa daidai lokacin da ya dace a shekara mai zuwa. Wanda ya tsira yakan yi shekara 25 ko fiye kaɗan. Abokin gabarta guda ne sananne, watau oka, ƙaton dabban nan mai baƙi da fari da ke farauta a garke.

To, dabbar da ke zaune ita kaɗai a cikin teku mai faɗin miliyoyin murabba'in kilomita, yaya za ta sami miji? Da waƙa. Daga ƙarshen Oktoba zuwa farkon Janairu namiji yakan nutsa ƙarƙashin ƙanƙara, ya juya kansa ƙasa wutsiya sama, ya tsaya cik yana ɗan lilo, ƙirjinsa na kumbura yana sacewa, ya yi ta rera sauti na wajen minti 2. Sa'an nan ya taso ya shaƙi iska na wajen minti 2, ya sake komawa. Haka zai yi ta yi, wani har sa'a 13 a yini, kullum, makonni da makonni. Sautin ba ruri ba ne kamar yadda mutum zai zata ga mai irin wannan baki. Wani kamar kukan gyare, wani kamar na mujiya daga nesa, wani kuwa gunji ne mai zurfi da mai tsaye a kan ƙanƙara kan ji a tafin ƙafarsa.

Farfesa Tracey Rogers ta Jami'ar New South Wales a Ostareliya ta yi shekaru tana sauraren waƙoƙin nan, tun cikin shekarun 1990 da take zura makirufo ta cikin tsagar ƙanƙara a gabashin Antatika tana ɗauka a kaset. Ta gano cewa sautuka biyar ne kacal dukan mazan yankin ke amfani da su, amma kowane namiji da yadda yake jera nasa, har ana iya gane shi da jerin, kamar yadda ake gane mutum da sunansa. Ta kuma lura cewa manyan maza su ne ke iya riƙe waƙar ba gargada har ƙarshen kaka, ƙanana kuwa sukan gaji su fara tsallake, don haka mace mai saurare daga nesa tana iya auna ƙarfin mai waƙa ba tare da ta gan shi ba. A 2025 ɗalibarta Lucinda Chambers ta ɗauko tsofaffin kaset ɗin na maza 26 ta auna yadda jerin sautin ke maimaituwa, ta gwada shi da na wasu dabbobi da kaɗe-kaɗen mutane iri-iri. Abin da ya fi kusa da shi, in ji binciken, shi ne waƙoƙin yara, masu sauƙi da maimaici. Dalili kuwa a fili yake, saƙon da za a aika nesa cikin hayaniyar ƙanƙara mai karyewa, gara ya zama mai sauƙin ganewa ko da rabinsa ya ɓace a hanya.

Wannan waƙa ta jawo wa masu ƙidaya matsala. Tsofaffin ƙiyasi sun sa yawan damisar teku tsakanin 220,000 da 440,000. Babban ƙirgen da ƙasashe suka haɗu suka yi da jiragen ruwa da na sama wajen 1999 zuwa 2000 kuwa ya ba da wajen 35,000, adadin da masanan kansu suka ce ya yi ƙasa da gaskiya. Mai ƙirge daga sama abin da ke kan ƙanƙara yake gani, alhali a daidai wannan lokaci mazan suna can ƙasa, kai a kife, suna waƙa. Inda aka zura makirufo an sha jin muryoyi da yawa a wurin da ido bai ga ko ɗaya ba.

ITA DA ƊAN ADAM

Bahaushe yakan yi wa damisa kirari da ƙi sabo. Ta teku kuwa halinta da mutane ya ƙi tsayawa wuri ɗaya. A 1985 wani matafiyi, Gareth Wood, yana tsallake wata tsaga a kan ƙanƙara sai ɗaya ta ɓullo ta kama ƙafarsa tana jan sa ruwa, sai da abokan tafiyarsa suka yi ta harbin kanta da takalmansu masu ƙusoshin ƙarfe kafin ta saki, ta kuma sake kama shi karo na biyu kafin su janye shi. Mafi muni shi ne abin da ya faru ran 22 ga Yuli, 2003, kusa da tashar bincike ta Rothera ta ƙasar Birtaniya. Wata masaniyar halittun teku, Kirsty Brown, mai shekara 28, tana iyo a saman ruwa tana duba aikinta, damisa ta ja ta ƙasa har zurfin wajen mita 70. Abokan aikinta suka tsamo ta da kwalekwale, aka yi ta ƙoƙarin ceto ranta, abin ya faskara. Wannan ne karo na farko da aka rubuta cewa damisar teku ta kashe mutum. Tun daga nan aka tsananta doka a tashar, sai an tsaya an duba ruwa kafin kowa ya shiga, in kuwa aka hango damisa, an fasa aikin ke nan.

Bayan shekara uku, a 2006, wani mai ɗaukar hoto na mujallar National Geographic, Paul Nicklen, ya shiga ruwa da wata ƙatuwar mace. Da farko ta buɗe baki ta rufe na'urarsa da shi. Can sai ta tafi ta komo da fengwin mai rai ta sake shi a gabansa. Da ya tsere ta sake kamo wani. Da ta ga mutumin nan ba ya iya kamawa sai ta riƙa kawo masa waɗanda ta raunana, daga baya matattu, har tana tura masa su a fuska. Kwana huɗu tana haka. Ana iya yi wa wannan fassara iri-iri, amma ba shakka dabbar da ke yin haka tana lura, tana gwaji, tana kuma sake dabara in ta farko ta ƙi. A ganina wannan son bincike nata shi ne haɗarinta, domin da baki take taɓa abu ta gane shi, bakin kuwa mun ji irinsa. Kwalekwalen roba da masana ke hawa sun sha huda a wajenta, har sai da aka riƙa sa musu kariya a gindi.

Wasu sukan yi yawo nesa da gida. An gan su a gaɓar Ostareliya da Kudancin Amurka, har da Afirka ta Kudu, inda a 2021 wata ta ciji wasu masu kamun kifi uku a cikin ruwa kusa da Cape Town, suka tsira da raunuka. A Niyu Zilan kuwa wata mace ta tare a tashar jiragen ruwa ta birnin Okland daga 2015, tana kwana a kan dakalin da ake ɗaure kwalekwale, har Mawori, mutanen ƙasar na asali, suka raɗa mata suna Owha, watau kyauta mai daraja daga kakanni. Masu kwalekwale da yawa ba su ga kyauta ba, domin ta fasa musu kaya ba kaɗan ba, kuma a 2019 wani ya harbe ta a fuska, ta warke. A wannan shekara ce hukumar kula da namun dajin ƙasar ta daina lissafa damisar teku a cikin baƙi masu wucewa, ta sa ta cikin mazauna. A can ne kuma aka fara samun shaidar cewa tana cin ƙananan kifayen shak.

ƘANƘARA DA KIRIL

Mafarauci bai taɓa damun damisar teku sosai ba, fatarta ba ta da kasuwa irin ta masu gashi, ga ta kuma a warwatse. Yarjejeniyar kare sil na Antatika da aka sa wa hannu a Landan a 1972, wadda ta fara aiki a 1978, ta yarda a kama har 12,000 a shekara, amma tun bayan wani zuwa da jiragen tsohuwar Tarayyar Sobiyat suka yi a 1986 zuwa 1987 ba a sake farautar kasuwa ba. Ƙungiyar kare halittu ta duniya ma tana lissafa ta a cikin waɗanda ba sa fuskantar ƙarewa a halin yanzu. In wani abu zai same ta, ta wajen turamen nan na baya zai zo.

Ƙanƙarar da ke kan teku, a kanta take haihuwa, a kanta take hutawa ta sake gashi. A ƙarƙashinta kuma wata gansakuka ke tsirowa, wadda 'ya'yan kiril ke kiwo su ratsa duhun sanyi da ita. Kiril ɗin nan shi ne abincin fengwin, da sil mai cin ƙaguwa, da mai gashi, da kifayen yankin, watau duk abin da damisa ke kamawa da fiƙa, kiril ne ya ciyar da shi. Ko ta tace da kanta ko ta ci wanda ya tace, tukunya ɗaya ce. Kowace shekara ƙanƙarar takan bazu a lokacin sanyi har wajen murabba'in kilomita miliyan 18, ta narke ta ragu a lokacin ɗumi. A watan Fabrairu na 2023 ta ragu har zuwa miliyan 1.79, bai kai ninki biyu na faɗin Nijeriya ba, kuma tun da aka fara aunawa da tauraron ɗan adam a ƙarshen shekarun 1970 ba a taɓa ganin ta yi ƙaranci haka ba. A ƙarshen 2022 ma ƙanƙara ta karye da wuri a Tekun Bellingshausen, huɗu daga cikin mazaunai biyar na babban fengwin da masanan Birtaniya ke lura da su suka yi asarar 'ya'yansu, domin sun faɗa ruwa tun gashinsu bai yi ƙwari ba.

Damisa tana da sauƙin sauya abinci fiye da maƙwabtanta, wannan gaskiya ne, kuma a kudancin ƙasar Cile an ga wasu suna haihuwa a kan gutsattsarin ƙanƙarar da ke ɓallowa daga tsauni a tafkin San Rafael, nesa ƙwarai da Antatika. Sai dai sauyin nata wani ne ke biyan kuɗinsa, kamar yadda masu gashin Cape Shirreff suka biya.

Daɗin daɗawa ɗan adam ma ya shiga layin masu tace kiril. Manyan jiragen Norwe da Sin da Koriya ta Kudu da wasu ƙasashe suna kwasarsa, a niƙa shi a yi abincin kifin kiwo, a matse mansa a ɗura a ƙwayoyin da ake sayarwa a kantunan magani. Hukumar da ke kula da kamun tana da hedkwata a Hobart ta Ostareliya, an kafa ta bisa yarjejeniyar 1980, kuma daga nahiyarmu Afirka ta Kudu da Namibiya ne kaɗai ke da kujera a cikinta. Ta ƙayyade tan 620,000 a shekara a yankin da ake kamun, akwai kuma wata doka da ta tilasta a rarraba shi wuri-wuri don kada jirage su taru a kan makiyaya ɗaya. A taron 2024 wakilai suka kasa daidaitawa a kan sabunta wannan doka, ta faɗi. A 2025 jiragen suka cika tan 620,000 ɗin tun farkon watan Agusta, aka rufe kamun kafin lokacinsa, karo na farko a tarihin hukumar. Yawancin wannan kamu kuwa a kewayen zirin Antatika da tsibiran da ke kusa da shi ake yin sa, ruwan da Cape Shirreff ke kallo.